Tarin da Baba Ya Danne

Ranar da Mai Kyamara, yarinyar da ke haɗa fim, ta fara zuwa, Inna ta ga mijinta ya ciro rigarsa ta ƙasan akwati, ya zauna ƙyam kamar ango. Mutumin da tari ba ya barinsa ya ƙarasa magana, sai ga shi ya danne shi har jijiyoyin wuyansa suka miƙe.

"Baba, yaya jikin?" in ji yarinyar.

"Garau nake, 'yata."

Haka duk tsofaffin leburorin masana'antar siminti suka yi mata. Kamfanin ya rufe, ya rantse ƙurarsa ba ta taɓa cutar da kowa ba, su kuma ga su suna gaskata shi a gaban kyamara don kada duniya ta gan su a wulaƙance.

Inna ta ɗauka yarinyar za ta tattara ta tafi. Ina! Sai ta mayar da kyamarar jaka. Ta ce ita zaman mutane ta karanta a jami'a, kuma ba a sanin mutum a tsaitsaye. Wata da watanni tana zuwa, tana taya Inna wanki, tana jin yadda aka riƙa ɗaukar buhu ba takunkumi, har Baba ya saba da kyamarar, ya ci gaba da tarinsa.

* * *

Ƙa'idarta ce ba ta fitar da fim sai mutanen cikinsa sun gani sun yarda. Baba ya kalli kansa a duƙe, yana riƙe da ƙirji.

"A cire wannan," ya ce. "Jikokina za su gani."

Inna ta dubi yarinyar. In aka cire, me za a nuna wa kwamitin da ke binciken kamfanin? Tsofaffi masu cewa garau suke?

Idon yarinyar ya ciko, amma ta kai hannu kan kwamfuta. "To, Baba. Tarinka ne."

"Haka kawai? Ko roƙo babu?" in ji Baba.

"Babu."

A nan Inna ta ji ƙaunar yarinyar ta cika mata zuciya. Kamfani ya cinye ƙirjin mutumin nan bai tambaye shi ba, ita kuwa har tarinsa sai da izini.

"Malam," in ji Inna a hankali, "wanda ya sa maka shi ne ya kamata ya ji kunya."

Baba ya juya ga yarinyar. "Bar shi. Amma ki sa inda nake cikin babbar rigata, kada a ce ba ni da ita."

* * *

Baba bai kai ranar zaman kwamitin ba, Allah ya yi masa rasuwa. Da tarinsa ya fito ta lasifika, zauren ya yi tsit, lauyan kamfanin ya sunkuyar da kai. Can daga baya wani tsoho ya saki nasa, wani ya karɓa, har ba a iya bambance na fim da na zaure.

Inna ta miƙa hannu gefe don ta bubbuga masa baya. Hannun ya sauka a kan kujera.