Wasiyyar Baba Barmo

Suna tsakiyar matakala tayar keken marasa lafiyar ta bugi bango. Baba Barmo ya dafe hularsa ya ce su bi a hankali, shi ba buhun gero ba ne. Nafi'u ne ta ƙasa, duk nauyin a kafaɗarsa. Fataw, ɗan Zangon Kumasi da ke zaune a hawan sama, yana riƙe da bayan keken yana dariya. Lifta ta sake tsayawa, kamar yadda ta saba a wannan tsohon gini na unguwar Mount Hope da ke Bronx. Ran Nafi'u a ɓace yake. Safiyar Asabar ce, lokacin da direban tasi ke samun fasinja, ga shi zai ƙarar da ita wajen kai tsoho ziyarar kaburburan da bai san ko na su wa ba.

Baba Barmo mutumin Maraɗi ne, ƙofarsa tana kallon ta Nafi'u. Ya haura shekara ashirin yana sayar da huluna da laima a kan tebur a ƙasan Manhattan, kusa da inda ake shiga jirgin ruwan Staten Island. A gefen teburinsa masu yi wa baƙi jagora suke tsayawa suna ba da tarihin garin, shi kuma yana saurare yana naɗe huluna, har labarin ya shige shi. Bai taɓa komawa gida ba, don takardunsa ba su cika ba; in ya fita, ba dawowa. Yana nan matarsa ta rasu. 'Yarsa Zeinabou, da ya bari tana koyon tafiya, yanzu ita ma uwa ce. Da ciwon ƙoda ya raba shi da teburin, sai matar Nafi'u, Turai, ta riƙa kai masa kunu kowace safiya, shi kuma ya riƙa roƙon Nafi'u ya kai shi wurin nan sau ɗaya kafin ƙafa ta gama ƙin sa.

Tun suna kan titin Grand Concourse ya fara zuba tarihi. Ya ce duk gine-ginen nan da suke gani gonar wani Bature ce mai suna Bronck, shi ya sa ake ce wa yankin Bronx. Da suka shiga titin Broadway ya ce hanyar ƙafa ce ta mutanen Lenape, masu ƙasar na asali, kafin 'yan Holan su sauka a bakin ruwa su kafa 'yar ganuwa su ce sunan wurin New Amsterdam. Ba su daɗe ba suka kawo bayi daga Afirka. Su suka sare itatuwa, suka faɗaɗa hanya, suka yi aikin katangar da yau ake kiran titinta Wall Street. Daga baya Turawan Ingilishi suka ƙwace garin suka canja masa suna. Nafi'u yana cewa "to" da "haka ne", idonsa a kan taswirar wayarsa.

Ba wurin fakin. Ya ajiye motar a inda aka hana, ya kunna fitilun gefe, ya tura keken da sauri. Wurin bai kai yadda ya zata ba: bango na baƙin dutse, da wasu 'yan tuddai masu ciyawa, dogayen ofisoshi sun kewaye su ta ko'ina. Baba Barmo ya ce a zamanin an hana baƙaƙe rufe matattunsu cikin gari, sai suka riƙa kawo su nan, bayan gari. Garin ya girma ya hau kansu, aka manta, sai da aka zo tonon harsashin wani gini aka tarar da su.

Ya ɗaga hannu ya daɗe yana addu'a. Nafi'u ya tambaye shi ko ya tabbata Musulmi ne.

"Ban sani ba. Wanda Ya yi su Ya sani." Ya shafa fuskarsa, ya kamo hannun rigar Nafi'u. "Bon, ka saurare ni. In ta zo, ku ruhe ni ƙasar ga. Maƙabartar Musulmi ta New Jersey ta ishe ni. Kada ku sa ni akwati kamar kaya ku kai ni aeroport a sa ni jirgi. Namu na kwance nan tun garin bai da wanga suna, ni ma nan na tsuhwa. Ka jiya?"

"Na ji, Baba."

Ya faɗa ne yana hangen wata ma'aikaciyar hanya da ta nufi motarsa. Ya juya keken tun tsohon bai sake rigar ba. Da yamma ya ba Turai labarin yana dariya, ya ce tsohon nan ya fi masu garin son garin.

Sanyi na shigowa Baba Barmo ya tafi. Turai ce ta ƙwanƙwasa da kofin kunu a hannu, shiru. Mai kula da ginin ya zo da makulli. Suka tarar da shi zaune a kujerar da yake salla a kai, kansa ya karkata gefe, carbi ya zame ƙasa, hitar ɗumama ɗaki tana ta huci.

Bayan la'asar dattawan unguwa suka zauna a masallacin da ke ƙasan wani shago. Liman ya ajiye waya a tsakiyar darduma ya buɗe murya don kowa ya ji. Zeinabou ce daga Maraɗi. Ba ta yi kuka mai ƙarfi ba, muryarta ce kawai ke karyewa. Ta ce ita ba ta san tsawon mahaifinta ba, ba ta san ƙamshin rigarsa ba, a waya ta san shi. Ta ce tana roƙon arziki, tunda ba ta same shi da rai ba, a ba ta kabarinsa, inda za ta kai 'ya'yanta ta ce ga kakanku.

Liman ya juyo wajen Nafi'u.

"Malam Nafi'u, kai ne maƙwabcinsa na kusa. Ya bar wata wasiyya a kan inda za a rufe shi?"

Nafi'u ya dubi wayar. Ana jin numfashin yarinyar, da kukan akuya can bayanta. 

"Bai ce min komai ba," in ji shi.

Liman ya gyaɗa kai, ya ce to a bi abin da 'yarsa ke so. Nan take aka raba aiki: wasu su je ofishin jakadanci, wasu wurin masu shirya gawa. Nafi'u ya karɓi mafi yawa. Ya ajiye tasi, ya bi layi a ofisoshi, ya shiga cikin masu wanka, ya riƙe kan tsohon da hannunsa ana zuba ruwa. Mutane suka riƙa nuna shi suna cewa ga maƙwabci na gari. Duk wanda ya faɗa, sai ya kau da kai ya bar wurin.

Turai ta ji yadda aka yi daga bakin matan ginin. Ranar da za a tafi da gawar ta tare shi, yana ɗaure takalmi a bakin ƙofa.

"Baban Amal, ai ka gaya min a ranar."

Ya ce ta ji muryar yarinyar da kunnenta kuwa? Ya ce mamaci ya riga ya tafi, mai rai ce ke buƙata, kuma ƙasa duk ta Allah ce. Ya jero dalilai masu kyau, waɗanda ya kwana yana jera wa kansa. Turai ta saurare shi har ya gama, sannan ta ce da ya faɗa wa yarinyar gaskiya ya bar ta ta zaɓa, wataƙila da hakan za ta zaɓa, amma da saninta. Ta koma kicin. Ya daɗe a sunkuye da igiyar takalmi a hannu.

A sashen kaya na filin jirgi aka sauke akwatin tsakanin kwalaye da wasu manyan buhuna naɗe da leda. Wani ma'aikaci ya manna masa takarda a gefe, wata 'yar mota mai cokula ta zo ta ɗaga shi ta shige da shi. Fataw ya ce Allah Ya kai shi gida lafiya. Nafi'u ya ce amin, bai ɗaga kai ba.

Bayan 'yan kwanaki yana zaune a mota a gefen titi yana jiran fasinja, saƙon murya ya shigo. Zeinabou ce. Ta ce an rufe Baba kusa da Inna, jama'a sun cika maƙabarta har waje. Ta ce kowa ya gaya mata irin wahalar da ya sha.

"Kawu Nafi'u, ban da abin da zan biya ka. Ka cika ma Baba amana. Allah Ya ba ka wanda zai yi maka haka."

Ya sake saurare. Sannan ya danna alamar ɗaukar murya ya riƙe, ya kawo wayar kusa da bakinsa. Daƙiƙu suna ta tafiya a kan gilashin. Ba abin da ke shiga sai ƙarar mashafin gilashin mota, yana kai da komo yana share dusar ƙanƙarar da ta fara sauka.