Rabin Askin Baba

A zamanin da kwanaki suka tsinke, ni mai aski ne a shagon mahaifina. Masu rubuta tarihi suna kiransa Zamanin Ɓarin Kwanaki. Mu da muka rayu a cikinsa ba mu samu zarafin raɗa masa suna ba, ciwon kai kawai muka sha.

Kwanakin sun watse ne kamar duwatsun wuya da zarensu ya tsinke. Kowace rana sau ɗaya take zuwa, amma ba a jere ba. Ka kwanta Talata, ka tashi a wata Asabar ta baɗi, in gari ya sake wayewa a dawo da kai Larabar da aka tsallake. Jikinka ya bi ranar, tunaninka ya bi ka. Maƙwabciyarmu ta yaye ɗanta kafin ta haife shi. Har yau ba ta gane yadda aka yi ba, ni ma kada a tambaye ni.

Shagonmu ne ma'aunin unguwa. Da safe sai maza su cika ƙofa, Baba ya shafa haɓar mutum ya ce, "Gashin kwana tara ne, mun yi tsalle ke nan."

"Haba, ai jiya ka aske ni," in ji maƙeri.

"Jiyan wa?"

Shi ya sa aka daina cewa "sai gobe". In za a rabu, sai a ce "sai wadda ta zo". Wanda ya ambaci gobe kuwa, kallon mai wasa da wuta ake yi masa.

Wata rana da la'asar ina yi wa Baba aski. Na gama ɓarin dama ke nan sai ya cafke wuyan hannuna a gaban jama'a, ya ce ina riƙe aska kamar mai feƙe itace. Aka kwashe da dariya. Shekarata talatin fa, da matata! Raina ya ɓaci, na dangwarar da askar na nufi ƙofa.

"Dawo, ɗan nan, ina da magana."

"A bari sai gobe," na ce.

Ban waiwaya ba.

Garin da ya waye ba goben ba ce. Na tarar da kujerar Baba a jingine da bango, ƙura ta rufe ta, an ninke rigunansa an ɗaure. Muka bi sawu har maƙabarta, muka ga kabarinsa har ciyawa ta fito a kai. Ba wanda ya ga rasuwar, domin ita ma ranar an tsallake ta. Inna ta zauna a bakin gado tana juya hannu.

"Ni fa ban ga ya mutu ba," ta ce. "Kuka zan yi, ko in rufe masa abincinsa?"

Na tafi wajen mai shela, wanda aikinsa ne ya zaga gari yana faɗin ranar da ake zaton an tashi a cikinta.

"Gobenka tana nan," ya ce. "Ba ta ɓace ba, layi ne bai zo kanta ba."

"To yaushe za ta zo?"

"Da na san wannan, ai da ba shela nake yi ba, da sarauta nake."

Sai na shiga jira, ina jin haushin bakina. Kullum da na buɗe ido, kafin in wanke fuska, sai in ruga shago in leƙa kujera. Wata safiya na tashi da furfura, wasu yara suna kirana Kaka, ban san sunan ko ɗaya ba. Wata safiyar na tarar mai yadi ne a shagon, yana tambayata kamu nawa nake so. Na yi ta ƙirga safiyoyi har na wuce ɗari bakwai, sai ƙirgar ta ɓace mini. Babban tsorona shi ne ranar rasuwar ta riga goben zuwa, in same shi baki ya rufe.

Wata safiya na leƙa kamar kullum, sai ga shi zaune a kujera, ɓarin dama fes, ɓarin hagu gashi, yana ta mita shi kaɗai.

"Mai gobe, ka iso? Ka bar ni kamar gonar da aka nome rabi."

Na durƙusa na riƙe ƙafarsa ina kuka kamar yaro. Shi kuwa a wajensa jiya-jiya muka rabu, tunda duk kwanakin da na yi jira ba ya raye a cikinsu.

"Kai, lafiya? Wa ya mutu?"

Na ce, "Baba, ka yafe mini."

"A kan ɗan wannan? Tashi, kada mutane su shigo."

"Maganar da ka ce kana da ita fa?"

Ya ɗaga hannunsa na dama, na ga yana rawa. "Ya daɗe yana yi mini haka, ina ɓoyewa. Shagon naka ne daga yau. Shi ya sa nake matsa maka."

Na wasa askar a jikin fata, na shafa masa sabulu, na riƙe ta yadda ya koya mini. Yana kallona ta madubi.

"Ka jima kana jira, ko?"

"Na jima, Baba."

Bai ƙara tambaya ba. Na yi askin a hankali, ban taɓa yi wa kowa aski mai tsawon wannan ba. Da na ajiye askar, ya shafa kansa tun daga goshi, sai yatsunsa suka tsaya a ƙeya, a kan ɗan gashin da bai fi faɗin babban yatsa ba.

"Ka bar gashi a nan."

"Na sani, Baba," na ce. "Sai gobe."