Birkin Hannun Tsohuwa

Wanda ya zuba simintin tsakar gidan nan ruwan sama ya yi wa hanya, bai yi tunanin mota ba. Daga ƙofar ɗaki har bakin get gangare ne, ba mai yawa ba, amma in lemo ya faɗi daga hannunka sai dai ka bi shi ƙasa ka ɗauko. A saman gangaren Baban Ɗigo yake ajiye motarsa, wadda kowa a gidan yake kira Tsohuwa. A ƙasan kuwa, gefen famfo, nan ne kaɗai wuri mai inuwa, nan kuma Ɗigo, 'yarsu mai shekara biyu da rabi, take baje gwangwanayenta tana dafa ƙasa.

Birkin hannun Tsohuwa ya daɗe da zama kayan ado. In aka ja shi sai ya yi ta ƙas-ƙas-ƙas har ya kusa miƙewa tsaye, motar kuma ko a jikinta. Dabarar Baban Ɗigo ita ce rabin bulo da yake tokare tayar baya da shi. Maman Ɗigo ta yi magana ta yi magana, kullum amsar ɗaya ce, ƙarshen mako zai duba.

Ranar da abin ya faru ma ƙarshen makon ne. Ya tayar da motar don injin ya ɗumama, ya fitar da ita daga giya, ya koma ɗaki shan shayi. Maman Ɗigo tana kan keken ɗinkinta a bakin taga, tana kafa wuyan wata riga, sai ta ji wani ɗan ƙurus kamar an taka biskit. Ta ɗaga kai. Bulon da ya sha ruwan sama ya gaji ya zama gari, Tsohuwa kuma tana tafiya da baya, a natse, babu kowa a ciki.

Ba ta san ta inda ta fita ba. Ta dai tsinci kanta a jikin katanga da Ɗigo a ƙirjinta, ƙafa babu takalmi, tef ɗin awo yana lilo a wuyanta. Motar ta wuce su, ta bi ta kan bahon wanki, ta markaɗe gwangwani biyu, ta je ta jingina da get ta tsaya kamar wadda ta zo gaisuwa.

Baban Ɗigo ya fito da kofi a hannu. Ya dubi motar, ya dubi inda yarinyar take zaune minti ɗaya da ya wuce, shayin ya fara zuba a kan ƙafarsa bai sani ba.

Ba ta yi masa ihu ba. Ta miƙa hannu ta taga ta kashe motar, ta zare makullin, ta ƙulle shi a bakin zaninta.

"Baban Ɗigo, motar nan ba za ta sake hawa can sama ba sai birkinta ya kama. Ko yau, ko baɗi, kai ka zaɓa."

"Gobe da sassafe zan kai ta gareji."

"Gobe ba sa buɗewa. Jibi kuma za ka ce za ka makara a makaranta. Na san jibinka."

Hayaniyar ce ta fito da Baba daga ɗakinsa. Mahaifin mijin nata ne, ya yi shekara talatin da biyu yana jan babbar mota kafin gwiwa ta zaunar da shi. Ya zagaya Tsohuwa hannu a baya, ya shuri tayar, ya dubi ɗansa.

"Malam, kai da kake koya wa 'ya'yan mutane cewa duniya tana juyawa, ba ka san mota tana gangara ba?"

"Baba, bulon ne..."

"Bulon ne ya ci jarrabawar tuƙi? Ɗauko sifana. Aikin minti goma ne. Wayar birkin ce ta saki, noti ɗaya za a ɗaure a ƙarƙashi."

Maman Ɗigo ta ji daɗin wannan magana, domin ta gane ta. Bel ɗin kekenta ma haka yake yi in ya kwana biyu, sai ta ɗan ja shi, ta juya ƙafar keken da hannu ta ji, ta ƙara ja kaɗan. Abin da ba ta yarda da shi ba shi ne mijinta ya kwanta ƙarƙashin mota a kan jak ɗaya mai tsatsa. Ta sa aka tura motar zuwa daidai inda ƙasa ta kwanta, aka tokare tayoyin gaba gaba da baya da duwatsu na gaske, aka ɗaga bayan, aka cusa kututture biyu a ƙarƙashi. Ta girgiza motar da ƙugunta har sau uku kafin ta ce to.

"'Yar nan da a tasha take, da tuni ta zama shugabar direbobi," in ji Baba. Ya buɗe ƙofa ya hau kujerar direba a hankali, ya gyara zama, ya gyara madubi duk da babu inda za a je. "Ni zan riƙe nan. Kai shiga."

Baban Ɗigo ya shimfiɗa kwali ya kwanta ya silale, sai ƙafafunsa kawai ake gani. Maman Ɗigo ta goya yarinyar ta ɗaure da kyau ta tsaya gefe.

"Na ga notin!" muryarsa ta fito daga ƙasa. "Baba, ka sauke birkin hannun?"

"Yana ƙasa. Ɗaure."

Aka ji sifana tana ƙet, ƙet. Ya yi juyi uku ya tsaya.

"Yanzu miƙa hannu ka juya tayar," in ji Baba. "In birkin yana ƙasa dole ta juya sakayau."

Wani hannu ya fito ya kama tayar ya ja. Ko motsi. Hannu na biyu ya fito ya taimaka. Shiru.

"Baba, ta ƙi."

"To ka cika ɗaurewa. Ku 'yan boko ba ku san kaɗan ba. Sassauta."

Ya sassauta juyi biyu. Tayar tana nan kamar an dasa ta. Ya sassauta na ukun, ya koma daidai inda ya fara. Ta ƙi.

"Ikon Allah," in ji Baban Ɗigo. "Motar da ɗazu ta tafi da kanta, yanzu ko tayarta ba ta juyawa."

"Fushi ta yi," in ji Baba. "Ci gaba da sassautawa."

Maman Ɗigo ta ɗan yi gyaran murya. "Baban Ɗigo, anya? Ɗazu notin a daidai nan yake, kuma motar ta gangara. Yaya za a yi ta kama yanzu?"

"Maman Ɗigo, wannan ba keken ɗinki ba ne."

"Na sani. Keken ɗinki bai taɓa bin 'yata da baya ba."

Sifanar ta ci gaba da aiki, shi kuma ya ci gaba da jan taya yana nishi. Rana ta ɗaga, inuwar ta janye daga kan ƙafafunsa. Baba ya fara ba da labarin wata gada da ya taɓa sauka da lodin siminti birki yana hayaƙi, babu mai sauraro sai sitiyari. Can sai aka ji wani ɗan ƙarfe ya faɗi, aka ji "Wayyo!", aka ji kai ya bugi ƙarfe.

"Me ya faru?"

"Notin ne ya fita gaba ɗaya. Ya bugi goshina ya shige rigata."

"To juya tayar."

Ya juya. Ta ƙi.

Yanzu kam har Baba ya bar labarin gada. Babu noti, babu abin da yake jan wayar, amma taya ta kafe. Ya fara maganar ko sai an kwance tayar an buɗe ciki, ko wani abu ya karye lokacin da ta bugi get. In aka kwance tayar nan, Maman Ɗigo ta san su, za a yi mako uku motar tana kan kututture a daidai wurin wasan yarinya, da jak da kusoshi a warwatse.

Ta zagaya bayan motar don ta ga tayar da idonta. Ɗigo ta leƙo ta kafaɗarta ta miƙa yatsa.

"Mama, ja."

Fitilun bayan Tsohuwa ne, duka biyun, suna ci jawur a cikin rana. Makullin kuwa yana ƙulle a zaninta.

Ta tsaya tana kallonsu. Ta gane, amma ganewa daban, faɗa wa suruki daban. Ba a ce wa Baba ɗaga ƙafarka. Ta dawo gefen tagar direba ta ɗan rusuna.

"Baba, don Allah tambaya nake. Fitilun nan na baya, dama suna ci ko mota a kashe take?"

"A'a, 'yata. Sai an taka birki."

Ƙafafun da ke ƙarƙashin mota suka daina motsi.

"Baba," muryar ta fito a hankali, "ka taka birki ne?"

"Na taka mana."

"Tun yaushe?"

"Tun da ka shiga. Kai, shekara talatin da biyu ban taɓa ɗage ƙafata daga birki ba mutum yana ƙarƙashin motata. Shi ya sa duk wanda ya yi aiki da ni ya koma gida da ƙafafunsa biyu."

Baban Ɗigo ya silalo waje. Goshinsa ya yi ƙulu, baƙin mai ya ja masa layi daga kunne zuwa haɓa. Ya buɗe baki, ya tuna da wanda zai yi wa magana, ya rufe. Sai da Baba ya leƙo ya tabbatar ɗansa ya fito gaba ɗaya, sannan ya ɗage ƙafa yana murza cinya. Fitilun suka mutu. Maman Ɗigo ta sa yatsa ɗaya ta tura tayar, ta kama juyawa kamar fanka.

"Ka ga ta saki," in ji Baba. "Dama na ce a sassauta."

Aka zazzage notin daga rigar. Amma da Baban Ɗigo ya durƙusa zai koma, sai ga fitilun sun sake kamawa.

"Baba!"

"Ba zan iya ba. Ƙafar ce take zuwa da kanta."

Maman Ɗigo ta shiga ɗaki ta fito da kujera ta ajiye kusa da tayar baya, nesa kaɗan da motar.

"Baba, aikin nan na kunne ne, mu kuma ba mu da shi. Wai sai an ji lokacin da birkin ya fara shafar tayar. Ka zauna nan ka saurara mana. Ga jikarka ta taya ka."

Ya dubi kujerar, ya dubi duwatsun da ke gaba, ya dubi kututturen. "Wa zai riƙe motar?"

"Tayoyin bayan a sama suke, Baba. Ko ta so tafiya ba ta da ƙafa."

Ya sauko yana gunaguni, ya karɓi Ɗigo ya ɗora a cinyar hagu. Da ɗansa ya shige ƙarƙashi, Maman Ɗigo ta ga ƙafar Baba ta dama ta miƙe ta danne siminti iya ƙarfinta, yatsun har suna lanƙwashewa a cikin silifa. Ta kawar da kai don kada dariyar ta fito.

Ita ta tsaya a bakin ƙofar motar tana miƙa hannu ga birkin. Ta ja shi ƙas biyu ta ce a ɗaure. Juyi ɗaya, a juya taya. Juyi ɗaya, a juya taya. A na bakwai Baba ya ɗaga hannu.

"Tsaya! Ga shi nan yana shafa. Shhh, shhh. Kun ji?"

Ba su ji ba, amma suka ce sun ji. Ta sauke birkin, tayoyin biyu suka juya sakayau. Ta ja shi ƙas biyar, Baban Ɗigo ya fito ya rungumi tayar dama ya yi kokawa da ita, ya koma ta hagu, babu wadda ta motsa. Ta sa shi ya koma ya ɗaure noti na biyu a bayan na farko don kada ya warware.

"Shi ke nan," in ji shi, yana miƙa hannu. "Makulli."

"Tukuna."

Aka sauke motar. Ta ba shi makullin ya hau da ita saman gangaren, ta sa shi ya fitar da giya ya bar injin yana aiki kamar yadda yake yi kowace safiya. Ta miƙa wa Baba yarinyar ta ce su tsaya can cikin baranda. Sannan ta ce wa mijin ya taka birki, ta shiga ta ɗaya gefen, ta kama birkin hannun da hannu biyu, ta tokare ƙafa, ta ja da duk abin da ya taru a ƙirjinta tun safe. Ya yi ƙas shida, na bakwan da ƙyar.

"Fita ka tura ta."

Ya fita ya dafa gaban motar ya tura. Ya juya ya sa baya ya tura har silifarsa ta zame. Tsohuwa ta ɗan yi ƙara, ta zauna daram. Maman Ɗigo ta fito ta taya shi, su biyu suka tura. Ba ta motsa ba. Sai a lokacin Maman Ɗigo ta zauna a kan dakali ta ce wa Baba ya sauke yarinyar.

Bayan sun ci abinci Baban Ɗigo ya ce bari ya je ya sayo sabon baho. Ya shiga motar. Daga kan kekenta ta hango shi ya danna maɓallin birkin da babban yatsa, ya ƙara da hannu na biyu, ya tashi daga kujera ya dafa da gwiwa.

"Maman Ɗigo! Wane irin ja kika yi masa? Ya ƙi sauka!"

"Ɗaga shi sama kaɗan sannan ka danna," in ji Baba daga baranda.

"Babu saman da ya rage, Baba!"

Ta leƙa ta taga. Ɗigo tana can ƙasa gefen famfo, ta juya wa motar baya, tana zuba ƙasa a murfin kwalba.

"Bar shi haka," ta ce, ta mayar da ƙafarta kan keken. "Shagon ba nisa. Ka tafi a ƙafa."