Takin Kasuwar Yekuwa

Bukar ya sake tura wa sansa ƙwaryar dusa, san ya kau da kai. Kwana huɗu ke nan ba ya ci, ba ya tuƙa. Ciki ya kumbura tim, haƙarƙari kuwa sai ka ƙirga. Shi ke jan amalanke zuwa rijiya, shi ke huɗa in damina ta faɗi, kuma ban da shi ko tunkiya babu a gidan.

"Sai da na ce ka bar kwaso jujin kasuwar nan," in ji matarsa Barira.

"Da shi ubana ya yi noma!"

Ba ƙarya ya yi ba. A Yekuwa sharar kasuwa taki ce tun kaka da kakanni, don tsumman da na auduga ne, damina ɗaya ya zama ƙasa. To amma yanzu 'yan gwanjo in sun yanka dilar tufafi, rabin kayan ko a dala biyar ba mai ɗauka, sai su watsar bayan rumfuna. Bawan Allah ya ga banza ta faɗi, ya yi ta lodi yana zubawa a gona. Can kuma yake ɗaure san ya ci kara, ashe har da tsummokaran yake haɗiyewa.

Da hantsi Maina mahauci ya zo, ya danna cikin da gwiwa, ya girgiza kai.

"Malam Bukar, a sa wuƙa tun bai zama mushe ba. Wannan ne na uku da na gani a watan nan."

Bukar ya daɗe yana shafa tozon. Shi ya raini san nan tun yana maraƙi. Da kansa ya riƙe ƙahon, amma bai iya kallo ba.

Da aka tsaga tumbi sai ga dunƙulen tsumma ya kai tulu, ya murɗe tamau, wuƙar Maina ma ta ƙi cinsa. Barira ta sa kara ta zaƙulo hannun wata 'yar riga ja mai ƙyalƙyali.

"Irinta na saya wa Hinda da sallah," ta ce, tana nufin autarsu. "Wanki biyu ta yage a jikin yarinya. Amma dubi tsinanniya, wata uku a cikin sa, ko launi ba ta sake ba."