Dariyar Hamma a Bakin Jaki

Mijina Waliyyu, Allah ya yi shi da son yanka. Sana'arsa ke nan, tace fim: a kawo mai kaset huɗu, ya zauna gaban bidiyo biyu a shagonsa na Jega, ya yanke ya haɗa har ya koma rabin awa. Ni kaina in ina ba shi labari sai in ga yatsansa na motsi, na san a ransa yanke ni yake yi.

Shekarar da aka ba mu jiha aka kawo mai fim ɗin manoman albasa na Aliero. Cikinsu akwai wani tsoho, Hamma, da aka tambaye shi sirrin albasa bai ce uffan ba, sai dariya, wata irin dariya mai shiɗewa. Waliyyu ya cire shi kaf. Amma dariyar ta shiga ransa, ya kwafe ta a kaset ɗin rediyo. Da aka ba shi katun, wato fim ɗin zane, na rigakafin yara, sai ya sa ta a bakin wani jaki da ke ciki. Na ce mai wannan rashin ta-ido ne, dattijon mutane! Ya ce ai ba mai ganewa.

Bayan shekara uku sai ga Mairama, matar Hamma, tun daga Aliero. Hamma ya rasu, kuma bai taɓa ɗaukar hoto ba. Ta ji an ce yana cikin fim, tana so ta gan shi ko sau ɗaya. Kaset ɗin bidiyon da Hamma ke ciki kuwa tuni Waliyyu ya ɗora mai wani wasan kwaikwayo da aka yi a Maiyama. Duk haushinsa da nake ji, ranar ya ba ni tausayi wallahi.

Bai ɓoye mata komai ba. Sannan, kansa a ƙasa, ya kunna katun ɗin. Jaki ya ɗaga kai ya kece da dariya.

Mairama ta dafe ƙirji, hawaye na zuba.

"Shi na," ta ce. "Ɗana, maido mani shi."

Sau tara ya mayar. Da ya samu bakin magana ya ce ta yi haƙuri, zai cire jakin ya bar mata muryar kaɗai.

"Kar ka taɓa shi," in ji ta, tana share ido. "Shekara talatin shi da jakinai tare suka zuwa fadama. Bar su tare."