Yadda Kakanni Suka Bari

Tun kafin Turawa su sauka Jega, gidan Magaji Alu ke riƙe da wani ƙauye gabas da Aliero. Uba ya mutu, ɗa ya hau, ba mai cewa uffan. Su ke raba fadama, kuma duk kakar albasa sai su zaɓe manya su bar wa mai gona ƙanana. Abin na ci wa wani manomi mai suna Sahabi rai ƙwarai, don 'yar fadamar da aka yanka masa bayan an hana bauta ita ce cinsa, ita ce suturar matarsa Tasalla.

Sai dattawan garin suka taso, Malam Mamuda a gaba, da magana ɗaya: a koma yadda kakanni suka bari. A wancan zamani, in ji su, ba a taɓa albasar talaka. Sahabi ya ɗauki maganar nan ya aza a ka. Yau yana kasuwar Maiyama, gobe Sabiyal, yana tara musu jama'a har muryarsa ta dushe.

Tasalla ta ce wa mijinta, "Malam, kakannin ga da kaka kira, ina naka kakan shike sa'adda anka raba ƙasa?"

Ya ce ta bar maganar maza.

Ranar da Bature ya zo rangadi, Sahabi ne ya fara tashi, ya zube kwandon ƙananan albasa a gabansa don shaida. Aka tuɓe Magaji, rabon fadama ya koma hannun dattawa. Sahabi har rawa ya taka, bawan Allah.

Dattawa suka fita zagayen iyaka irin na da. Kowace fadama suka iso, sai a kira sunan kakan da ya fara mallakarta, jikansa ya karɓa. Da suka iso ta Sahabi, yana tsaye bakin rijiyar da ya haƙa da hannunsa, Malam Mamuda ya dafa sanda.

"Wagga ta kakana ta. Kakanka nan yay yi noma, gaskiya ta, amma bawan kakana na."

"Baba Malam, ni fa nat tara muku jama'a!"

"Allah shi saka ma. Ba mu kore ka ba, ɗana. Ci gaba da ban ruwa, ba mu mance ka."

Ba su manta ba kuwa. Da aka tone albasa, aka kwashe ta duka zuwa gidan Malam Mamuda, sannan aka aiko wa Sahabi kwandon ƙanana, kyauta. Tasalla ta miƙo masa hularsa, don sai ya je ya durƙusa ya yi godiya.