Mai Yi wa Hotuna Baki

Gado ya fice ta taga, kujeru suka bi shi a guje, wani mai doguwar hula ya rufa musu baya yana ɗaga hannuwa sama. Ko tari ba ya fitowa daga wayar. Fim ɗin barkwanci ne na Italiya, tun na zamanin da ba a koya wa hoto magana ba.

Rabo, mai haɗa magani a wani kanti a unguwar Jurf ta Madina, ya jingina wayar da kwanon shinkafar da bai taɓa ba. Kujerar gefensa babu kowa, kuma kewa ta ishe shi.

Da can Najwa ce ke zama a kanta, 'yarsa tilo, haifaffiyar Madina. Tana jin Hausa sarai, amma in ka jefa mata ita, da Larabci take dawo maka. Shi kuwa Larabcinsa na kanti ne: ɗaya da safe, ɗaya bayan abinci. Bai isa a yi raha da shi ba. Da uwarta ta rasu hirarsu ta tsaya a gaisuwa, sai ya tuna majigin ƙuruciyarsa, inda wani ke tsayawa gefen farin ƙyalle yana yi wa hotuna baki. Ya shiga kunna mata irin waɗannan finafinan yana yi musu baki. Duk Baturen da ya faɗa randa, da Kananci yake neman agaji. Najwa ta yi ta dariya har da riƙe ciki, shi kuma yana jira ko za ta ce masa kalma ɗaya da harshensa. Ba ta ce ba, har aiki ya ɗauke ta zuwa garin Yanbu.

Wayar ta yi ƙara. Mai hula ya ɓace, fuskar Najwa ta bayyana cikin kayan aiki.

"Baba, kef halak? Wallahi..."

Muryar ta yanke, hoton kuwa bai tsaya ba.

"Najwa, ba na jin ki," in ji shi.

Ba ta sani ba. Ta ci gaba da magana, tana nuna shi da yatsa, tana dafa ƙirji.

Rabo ya dubi bakin da ke motsi. Ya gyara zama, ya ƙanƙance murya yadda ya saba yi wa matan fim.

"Baba, ina kewarka," ya ce. "Ka ci abinci kuwa?"

Ya ɗan jira, sannan ya amsa da tasa muryar.

"Na ci, 'yata."